Agrifina Baganoba, Malamar Rawa

A ƙasar Rasha akwai wata rawa da ake kira bale, wadda mata ke yi bisa kan yatsun ƙafa. Ba a dandali ake koyonta ba, kamar gaɗar 'yan matan Gwandu da Kalgo. Makaranta ake shiga.

An haifi Agrifina Baganoba a birnin San Fitasbag a 1879. Shekara tara ta yi tana koyo, ta sha wuya ƙwarai, ba ta sami babban matsayi ba sai 1915. Da ta zama malamar makarantarsu a 1921, sai ta tsara darussa daki-daki: a ƙarfafa gadon baya tukuna, sa'an nan juyi da tsalle. Ta tattara dabarun nan cikin littafi a 1934, har gobe ana koyarwa da shi.

Ta rasu a 1951. A 1957 aka sa wa makarantar sunanta.