Banɗaki A Ƙasa, Kwata A Sama: Ina Ruwan Wanka Zai Bi?

Duk wanda ya zaga tsofaffin unguwannin Sakkwato zai lura da wani abu. Akwai gidajen da in za ka shiga zaurensu sai ka sauka mataki biyu ko uku. Ba haka aka gina su ba. Titi ne ake ta yi wa ciko yana ɗagawa, gida yana nan inda yake. Rariyar da a da take fitar da ruwan wanka zuwa waje, yau ta koma ƙasa da kwata. Da damina ta kankama a watan Agusta, sai ruwan titi ya biyo ta ya shigo tsakar gida. Mutanen Mabera ba sa buƙatar a ba su wannan labari.

Yanzu kuma ga sabon yayi. Masu gina otal da rukunin shaguna da manyan gidaje sun fara haƙa ɗaki a ƙarƙashin ƙasa, har da banɗaki da shawa. A garin da zafi kan haura digiri 40 a watan Afrilu, ɗaki mai sanyi abin so ne. Sai dai matsalar ɗaya ce da ta tsohon gida: ruwa ba ya hawa tudu, kuma birnin ba shi da babban bututun ƙasa mai kwashe ƙazantar gidaje.

Mafita biyu ce. Ta farko, a haƙa sokawe ya zarce daɓen banɗakin zurfi, bututu ya gangara da kimanin santimita 2 a kowace mita. Wannan na yiwuwa ne inda ƙasa ke shan ruwa. A gefen fadama, inda ruwan ƙasa ke kusa, ramin zai cika tun kafin a yi wanka a ɗakin. Sannan a nisanta shi da rijiya, gwargwadon mita 30, domin cutar amai da gudawa da ta addabi Arewa a 2021 ta gurɓataccen ruwa take yaɗuwa.

Ta biyu, a gina ƙaramin rami mai murfi a ƙarƙashin daɓe, a sa injin da ke tashi da kansa in ruwa ya taru, ya tura shi sama. Dole bututun ya kasance da makarin da ke hana ruwa komowa, da wani bututun na fitar da wari. Tunda wutar lantarki ba ta da tabbas, a haɗa injin da batir ko sola. In akwai masai a ciki, wannan injin ba zai iya ba. Sai wanda aka ƙera don ƙazanta, kamar mai niƙa ta.

Akwai kuma lanƙwasar bututu da ke ƙarƙashin shawa. Ɗan ruwan da ke kwance a cikinta shi ke tare wari da kyankyasai. A zafin Sakkwato yakan ƙafe in an daɗe ba a yi wanka ba, don haka a riƙa zuba masa ruwa.

Hausawa sun ce tun ran gini, tun ran zane. Ya kamata hukumar tsara birane ta jiha ta riƙa neman taswirar magudanar ruwa kafin ta amince da ginin ƙarƙashin ƙasa, masu aikin titi kuma su auna tsayin ƙofofin gidaje kafin su zuba ciko. Kai kuma mai gini, kafin ka zaɓi tayil, tambayi maginin: ruwan nan ina zai bi? In ya yi shiru, dakatar da aikin.