Camfin Maita a Manhajar Hausa: Yadda Ya Kamata a Koyar da Shi

Daga cikin batutuwan da ke ƙarƙashin al'ada da adabin baka a manhajar Hausa, babu wanda ke buƙatar taka-tsantsan kamar maita. Yawancin camfe-camfe, kamar hana shara da dare, ba su cutar da kowa. Maita kuwa zargi ne da ke sauka a kan mutum mai rai, wanda wataƙila ɗansa ko jikansa na zaune a cikin ajin da ake darasin.

A tunanin Bahaushe na gargajiya, maye ko mayya na ɗauke da ƙanƙarar maita a cikinsa, wadda ake gada ko a saya. Da ita yake ganin kurwar mutum, ya kama ta, ya ɓoye. Sai mai kurwar ya kwanta ciwo, in ba a sake ta ba ya mutu. Don haka aka tanadi kariya ta baka, kamar "kurwata kur", aka kuma samar da sarautar Sarkin Mayu don karɓo kurwar da aka kama. Akan tilasta wa wanda ake zargi ya tsallake majinyaci, a wasu wuraren har a tuɓe shi. Karin magana ma ta adana wannan tunani: in maye ya manta, uwar ɗa ba ta manta ba. Littattafan Frank Edgar na tatsuniyoyi, daga 1911 zuwa 1913, da na Tremearne na 1913 kan camfe-camfen Hausawa, sun nuna daɗewar irin waɗannan abubuwa a rubuce.

Abin da muke so malami ya lura da shi shi ne yadda zargin ke tasowa. Sau da yawa yaro ne zazzaɓin cizon sauro ko sanƙarau ya gigita, ya shiga sambatu, ya ambaci sunan wata maƙwabciya. Wadda aka ambata kuma galibi tsohuwa ce, ko baƙuwa, ko wadda ba ta da mai tsaya mata. Kafin a gama tsallake-tsallake, lokacin kai yaro asibiti ya wuce.

Hukuma ba ta yi shiru ba. Kundin laifuffuka na Arewa, wanda ya fara aiki a 1960, da takwaransa na Kudu, duk sun haramta zargin mutum da maita. A 2008 Jihar Akwa Ibom ta sanya hukunci a kan masu laƙaba wa yara maita, sannan a 2021 Hukumar Kare Haƙƙin Ɗan Adam ta Majalisar Ɗinkin Duniya ta zartar da ƙuduri a kan wannan cuta.

Saboda haka ba mu ga dacewar cire batun daga manhaja ba, domin ɗalibi zai ci karo da shi a tatsuniya da karin magana da finafinai. Shawararmu ita ce a koyar da shi a matsayin abin nazari: malami ya bayyana kalmomin da ma'anarsu, ya riƙa cewa "ana camfa cewa", ya hana ambaton sunan wani mutum ko gida ko ƙauye, ya kuma haɗa darasin da alamomin zazzaɓi da sanƙarau. Ya dace masu tsara littattafan karatu su sanya wannan jagora a littafin malami, kada su bar shi ga dabarar kowane malami shi kaɗai.