Mai Wa'azin da Aka Goge Sunansa

Lonnie Frisbee bai yi kama da fasto ba. Ga gashi har kafaɗa, ga gemu buzu-buzu. Ya ce a cikin mayen ƙwayar LSD ya gamu da Yesu, a wani kwari kusa da Palm Springs a jihar Kalifoniya ta Amurka. A 1968 Fasto Chuck Smith ya buɗe masa ƙofar ƙaramin cocinsa, Calvary Chapel, a Costa Mesa. Kafin a ankara 'yan hipi sun cika wurin maƙil, wasu ko takalmi babu, suna kaɗa jita. Ɗaruruwa aka riƙa yi wa baftisma a bakin teku a Corona del Mar, Lonnie tsamo-tsamo cikin ruwa yana tsoma su.

Wani dare a 1980 ya yi wa'azi a cocin John Wimber, matasa suka riƙa zubewa ƙasa suna kuka. Daga wannan dare mutanen Vineyard, ƙungiyar coci-cocin Wimber, ke lissafin bunƙasarsu.

Sai dai Lonnie yana neman maza, manyan kuma sun samu labari. Aka janye shi daga mumbari, aka kuma janye sunansa. Da Wimber ya ba da labarin wancan dare a littafinsa, saurayi kawai ya kira shi. Ƙanjamau ta kashe Lonnie a 1993, yana ɗan shekara 43. Wajen jana'iza Smith ya kwatanta shi da Samson, gwarzon da rauninsa ya kayar.

Nan David Di Sabatino, ɗan Kanada, ya shigo. Ya bi tsohuwar matar Lonnie da abokansa, ya tono tsofaffin hotuna, ya fitar da fim ɗin gaskiya a 2005 mai suna Frisbee: The Life and Death of a Hippie Preacher. Ƙarfin fim ɗin, a ganina, shi ne bai wanke Lonnie ba, bai kuma bar waɗanda suka ci moriyar ganga suka ya da kwaurenta ba.

Aikin ya janyo masa wata rigimar. Larry Norman, jagoran waƙar rok ta Kirista, ya ba shi waƙoƙinsa don fim ɗin, daga baya suka ɓata, dole aka cire su. Di Sabatino ya juya kyamara kan Norman ɗin kansa. Fim ɗin, Fallen Angel, ya fito bayan rasuwar mawaƙin a 2008, iyalansa kuma suka yi tir da shi.