Facin bayan fage: yadda Windows XP ta ƙara shekara biyar bayan mai ita ya sallame ta

Ranar 8 ga watan Afrilu na shekarar 2014 ne kamfanin Microsoft na ƙasar Amurka ya janye hannunsa daga Windows XP, wato tsarin da ke tafiyar da na'ura mai ƙwaƙwalwa, wanda ya fito tun watan Oktoba na 2001. Na'urorin ba su mutu ba a wannan rana. Sun ci gaba da buga takardu da riƙe lissafin haja kamar kullum. Abin da ya tsaya shi ne faci, wato ɗan gyaran da kamfanin ke aikowa kowane wata domin toshe ɓarakar da ɓarayin intanet suka gano. Daga ranar nan, duk ɓarakar da ta bayyana sai ta zauna a buɗe.

Masu hali sun sayi lokaci. Gwamnatin Ingila ta biya fam miliyan biyar da rabi don a ci gaba da yi wa na'urorin ma'aikatunta faci har shekara guda. Ɗan kasuwa mai kwamfuta guda a kanti, ko sakataren da ya gaji tsohuwar na'ura a biro, ba su da wannan hanya.

Ba a yi wata biyu ba sai wata dabara ta bazu. Microsoft na da wani tsari mai suna Windows Embedded POSReady 2009, wanda aka yi domin na'urorin karɓar kuɗi na manyan kantuna. A ciki, shi da XP uwa ɗaya uba ɗaya suke, kuma kamfanin ya riga ya yi alkawarin kula da shi har watan Afrilu na 2019. Masana suka lura cewa da rubutun da bai wuce layi uku ba, in an shigar da shi cikin rajistar na'ura, XP za ta gabatar da kanta a matsayin na'urar kanti, a aiko mata da facin da aka tanadar wa ƴar uwarta. Kamfanin ya yi gargaɗi cewa facin ba domin XP aka yi shi ba, ba a gwada shi a kanta ba, kuma ba zai kare ta baki ɗaya ba. Gargaɗin gaskiya ne, amma ga wanda aka bari hannu wofi, rabin kariya ta fi babu.

An ga amfanin dabarar a 2017. Ranar 12 ga watan Mayu wata ƙwayar cuta mai suna WannaCry ta auka wa na'urori kusan dubu ɗari biyu a ƙasashe kimanin 150. Tana kulle duk takardun da ke ciki, sannan ta nemi fansar dala 300, kusan jikka 180 na sefa a lokacin. Asibitocin Ingila sun ɗage ayyukan tiyata, kamfanin motoci na Renault ya tsayar da aiki a wasu masana'antunsa na Faransa. Ɓarakar da cutar ta bi an riga an toshe ta tun watan Maris a tsare-tsaren da ake kula da su, har da na kantuna, don haka masu dabarar layi uku sun sami facin da wuri. Girman ɓarnar ya sa Microsoft ya karya ƙa'idarsa, ya fitar wa XP faci kyauta. Abin lura, galibin na'urorin da cutar ta kama Windows 7 suke ɗauke da ita: facin yana nan, masu su ne ba su sa ba.

Akwai kuma facin da ba daga Microsoft ya fito ba sam. Wani kamfani na ƙasar Sulobeniya, ACROS Security, yana sayar da ƙananan faci da sunan 0patch. Ya ɗauki nauyin Windows 7 bayan an sallame ta a watan Janairu na 2020. Wannan aƙalla yana da suna da adireshi. Tarin facin da ke yawo hannu da hannu a kile USB, wanda wani ya haɗa ya sa masa suna, shi ne abin tsoro, domin faci na shiga har ƙuryar na'ura, kuma wanda ya haɗa shi na iya cusa abin da ya ga dama. Facin Microsoft na ainihi yana ɗauke da sa hannun kamfanin, wanda mai gyara zai iya dubawa kafin ya sa.

Dabarar POSReady ta ƙare ranar 9 ga Afrilu 2019. Windows 10 ma an sallame ta ranar 14 ga Oktoba 2025, alhali a ƙa'idar kamfanin Windows 11 ba ta hawa sai na'urar da ke da wani ɗan ƙarfen tsaro mai suna TPM 2.0, wanda tsofaffin kwamfutoci da yawa ba su da shi.