Samanja: Banufen da ya ɗaga darajar Hausar bariki

Dattawan zangon Bawku da suka saba kama Rediyon Kaduna sun san muryar Samanja Mazan Fama. Sunansa na yanka Usman Baba Pategi, Banufe ne ɗan gidan sarautar Pategi a jihar Kwara ta Najeriya. Ya yi aikin gidan rediyo, ya kuma shiga soja lokacin yaƙin basasa na 1967 zuwa 1970. A bariki ya kwaso halin da ya shahara da shi: tsawa, fareti, da Hausa gauraye da Turanci. Ya shafe shekaru yana wannan wasa a rediyo da tashar NTA Kaduna, har sunan wasan ya haɗiye na yanka.

Wannan magana ta shafe mu. A zamanin Turawa, da Hausa ake ba sojan Gold Coast umarni, amma har gobe akwai masu ce wa Hausarmu ta zango gurguwa. To, da irin wannan Hausar Samanja ya riƙe Kanawa da Sakkwatawa gaban akwatin talabijin, ba wanda ya ce ya gyara harshe.

Ya rasu a Kaduna ranar 12 ga Nuwamba, 2023. Allah ya jiƙansa.