Taswirar ɓoye: Ilimin masuntan Haɗeja da ke neman bin ruwa

Idan ka buɗe taswirar Jihar Jigawa a waya, za ka ga Kogin Haɗeja a matsayin siririn layi shuɗi da ya ratsa ta Auyo, ya wuce garin Haɗeja, ya rarrabu a Kiri Kasamma da Guri kafin ya shiga Jihar Yobe. Amma a wajen tsofaffin masunta akwai wata taswirar da wayar ba ta nunawa. Ita ce ke faɗin wane gurbi ne yake da "masu shi", ina ne ba a shiga da tsakar rana, kuma wane tafki ne ba a jefa masa koma sai an buɗe shi.

Zana taswirar duniyar da ido ba ya gani ba sabon abu ba ne a ƙasar Hausa.

Birnin Jangare

A al'adar bori, iskoki suna da birni nasu mai suna Jangare. Masanin kiɗa Fremont Besmer, wanda ya yi bincike a ƙasar Kano, ya bayyana a littafinsa na 1983 cewa 'yan bori sun kasa birnin gida 12, a ƙarƙashin Sarkin Aljan Sulemanu. Akwai gidan malamai na Malam Alhaji, da gidan Kuturu, da na Fulani, da na iskokin ruwa.

Tun a 1914 wani Baturen Ingila, Tremearne, ya rubuta labarin Jangare daga bakin Hausawan da ke zaune a Tunis da Tarabulus. Wato mutane sun ƙetare Sahara da taswirar a cikin kansu.

Wanda ya duba tsarin birnin zai ga hoton masarautar Hausa ne sak: sarki, fadawa, unguwanni da sana'o'i.

Ita ma bugun ƙasa, wadda Larabawa ke kira ramli, gidaje 16 gare ta. Kowane siffa layi huɗu ne na ɗigo ɗaya ko biyu da ake bugawa a kan rairayi, kuma mai duba yana da'awar gano ɓarawo ko makomar tafiya daga inda siffofin suka faɗa. Malaman Musulunci sun daɗe suna haramta wannan, domin gaibu Allah kaɗai Ya san shi.

Abin da ke ƙasan ruwa

Taswirar masunta ta bambanta da waɗannan, domin tana da ƙafa a ƙasa. Gurbin da ake cewa na 'yan ruwa ne, galibi shi ne mafi zurfi, ko kuma inda ruwa ke juyawa ya ja mutum. Tsoron da aka cusa wa yaro a kansa ya hana shi nutsewa.

Haka kuma a irin wannan gurbi ne tarwaɗa da ƙarfasa da gargaza ke fakewa idan rani ya yi tsanani. A yawancin ƙauyukan fadamar, Sarkin Ruwa ko Bulama ne ke da ikon rufe tafki, ya kuma sanya ranar da za a shiga da gora da koma. Bikin kamun kifi na Bade da ake yi a Gorgaram ya samo asali ne daga irin wannan tsari. Ko mutum ya yarda da labarin iskokin ko bai yarda ba, dokar ta bar iyayen kifin da za su hayayyafa idan ruwa ya dawo.

Kogin ya sauya

Matsalar ita ce kogin da aka haddace ba shi ne ke gudana yau ba. An kammala madatsar Tiga a 1974, ta Challawa kuma a 1992. Kafin su, ruwa yakan cika da damina ya janye da rani. Yanzu ana sakin sa duk shekara domin noman rani.

Ƙasar da ambaliyar damina ke shafewa a fadamar Haɗeja da Nguru ta haura murabba'in kilomita 2,000 a farkon shekarun 1970, amma ta koma ƙasa da 1,000 a farkon shekarun 1990.

Ruwan da ba ya ƙafewa kuma ya yi wa ciyawar kacala daɗi. Ta toshe hanyoyin ruwa, yashi ya taru, har tsohon hannun kogin da ke zuwa Gashuwa ya raunana, ruwa mai yawa ya karkata ta Marma zuwa tafkin Nguru. Gurbin da kakanni suka sani ya cike, wani sabo ya haƙu a inda babu wanda ya raɗa masa suna, balle ya gargaɗi yara.

A daminar 2022, lokacin da ambaliya ta ci gonaki da gidaje a Auyo, Kafin Hausa, Guri da Kiri Kasamma, mutanen Haɗeja sun kwana suna tare jinga da buhunan ƙasa. A irin wannan dare, sanin tsohuwar hanyar ruwa ba tatsuniya ba ce.

Kafin ta ɓace

Masana ba su yi watsi da yankin ba. An fara shirin kare fadamar Haɗeja da Nguru a 1987. Tafkin Nguru da mashigar Marma sun shiga jerin Ramsar na dausayi masu muhimmanci a duniya a 2000, Baturiya ta bi sahu a 2008. Hukumar NIHSA kuma tana fitar da hasashen ambaliya duk shekara.

Sai dai tauraron ɗan'adam saman ruwa yake gani. Bai san sunan gurbi ba, bai san shekarar da ya ci mutum ba, bai san wanda ke da ikon rufe shi ba. Wannan yana kan dattawa ne, kuma kullum raguwa suke yi.

Aikin ba mai tsada ba ne: ɗaliban Jami'ar Sule Lamido da ke Kafin Hausa ko na Kwalejin Kimiyya da Fasaha ta Binyaminu Usman da ke Haɗeja su shiga kwalekwale tare da sarakunan ruwa, su rubuta sunan kowane gurbi, zurfinsa da dokarsa, su ɗora a kan taswirar zamani. Jangare ya samu masu rubuta shi tun fiye da shekara 100 da suka wuce. Guraben Kogin Haɗeja, waɗanda dubban iyalai ke ci daga cikinsu, su ma sun cancanci haka.