Bosko, matuƙin jirgin da ya ba Amurka dariya a 1931

Tun kafin a san Bugs Bunny, tauraron katun na kamfanin Warner Bros wani ɗan ƙaramin yaro ne mai suna Bosko. A shekarar 1931 aka saka shi cikin jirgin yaƙi a wani gajeren fim mai suna Dumb Patrol, wanda tsawonsa bai wuce ƴan mintoci ba, kuma babu launi sai baƙi da fari.

Hugh Harman da Rudolf Ising, tsofaffin ma'aikatan Walt Disney, su ne suka shirya shi cikin jerin Looney Tunes da aka fara a 1930. Sunan ma tsokana ce ga The Dawn Patrol, fim ɗin Howard Hawks na 1930, mai nuna yadda matasan matuƙa jiragen Ingila ke tashi da asuba a Yaƙin Duniya na Ɗaya, da yawansu ba sa dawowa. Katun ɗin ya mai da wannan baƙin ciki abin raha: Bosko ya gwabza da abokin gaba a sama, aka kakkaɓo shi, ya tashi garau ya ci gaba da sha'aninsa.

A zahiri, yaƙin sama ba wasa ba ne. Jiragen lokacin katako ne da ƙyalle, kuma yawancin matuƙa ba su da lemar tsira. Manfred von Richthofen na Jamus, da aka lissafa masa jirage 80 da ya harbo, an kashe shi a 1918 yana da shekara 25.

Sai dai akwai abin da dariyar ta rufe. An zana Bosko ne a kan salon wasannin da turawa ke shafa baƙi a fuska suna kwaikwayon baƙar fata cikin izgili. A daidai lokacin da ƴan kallo ke yi masa dariya, akwai baƙar fata na gaske da ya tuƙa jirgin yaƙi: Eugene Bullard, haifaffen jihar Jojiya a 1895. Ya shiga rundunar Faransa a 1914, aka ji masa rauni a Verdun a 1916, ya zama matuƙi a 1917. Da Amurka ta shiga yaƙin, ya nemi tuƙa mata jirgi, ba a karɓe shi ba. A ƙarshen rayuwarsa ya yi aikin kula da na'urar hawa bene a New York, inda ya rasu a 1961. Sai a 1994 rundunar sojan saman Amurka ta ba shi muƙamin laftana, shekaru 33 bayan mutuwarsa.

Bosko ya bar Warner a 1933 tare da masu zana shi. A 1964 kamfanin ya sake fitar da wani Dumb Patrol, wannan karon da Bugs Bunny a kujerar matuƙi.